Baba Farnan da Shanun Baffa

Litinin, 17 ga Mayu, 1999

Ƙarfe huɗu da kwata na yamma, a soron gidanmu a Koki, ba wuta. Yanzu na dawo daga aikina na farko tun da na gama digirin Faransanci, kuma ina so in rubuta komai daidai kafin in fara ƙari ko ragi.

Wanda ya ɗauke ni sunansa Musye Didiye, Bafaranshe ne, manaja a wani kamfanin jimar fata a Sharaɗa. Malamata ta jami'a ce ta ba shi sunana. Mahaifinsa, Musye Farnan, shekararsa saba'in da takwas, manomi ne daga yankin Berry a tsakiyar Faransa. Matarsa ta rasu a Janairu, aka sayar da gonar, ɗan ya kawo shi Kano a Maris. Tun da ya zo ba ya cin komai sai guntun burodi da kofi. Ya rame har wandonsa sai da igiya. Ba ya magana.

Aikina in zauna da shi daga tara zuwa ɗaya in yi masa hira da yarensu. Didiye bai ɓoye mini ba: ranar goma ga Yuli zai tafi hutu gida. In tsohon bai farfaɗo ba kafin nan, zai tafi da shi ya ajiye shi a gidan tsofaffi. Har an kama masa gurbi.

Na yi awa huɗu ina zuba. Na yi maganar yanayi, na yi ta tarihin Kano, na gyara kuskurena na nahawu sau biyu da babbar murya. Kalma ɗaya ya ce: "Ƙofa." In rufe, sanyin na'ura yana fita.

Laraba, 19 ga Mayu

Na ba kakata Nana Hadiza labarin gidan tsofaffi. Ta ajiye carbinta.

"Da ɗansa a raye?"

Na ce a raye, kuma yana da kuɗi, kuma gidan ma biya ake yi.

"A biya a kai ubansa wurin baƙi. To angona, in ka yi kuɗi kai ma sai ka kai ni Dawanau ka jingine ni da buhun gero."

Na yi mata bayanin cewa tsarin rayuwarsu daban ne. Ta ce ta ji, in tafi in ci tuwona.

Juma'a, 21 ga Mayu

Kalma uku yau. Biyu ban gane su ba, ba irin Faransancin da muka koya a cibiyar koyon Faransanci ta Badagiri ba ne. In Didiye ya gano fa?

Talata, 25 ga Mayu

Alhamdulillahi! Ya yi magana! Kuma dabarata ce, ko da yake ban san za ta yi ba.

Na roƙi Didiye ya ba mu mota da direbansa Sabo mu zaga da tsohon cikin birni. Mun wuce Kurmi, bai ɗaga kai ba. Marina, bai ɗaga kai ba. Muna fita Ƙofar Dawanau sai ga amalanke da shanu biyu suna ja, an loda taki. Ya doki gilashin mota da tafin hannu har Sabo ya taka birki ba shiri. Ya fita da kansa. Ya tsaya a gaban shanun a tsakiyar titi, 'yan acaɓa suna ta zagi, ya shafa goshin ɗaya, ya ɗaga leɓensa ya duba haƙora. Mai amalanken ya ce mini, "Malam, saye zai yi ko likita ne?"

Sannan ya kama karkiyar da ke wuyansu ya girgiza, ya juyo gare ni da fushi.

"Wane jahili ne ya ɗora wannan a wuya? Sa da kai yake ja. A ƙaho ake ɗaurewa."

Ban fassara wa mai amalanken ba.

A hanyar komawa bai yi shiru ba. Abin da na tabbatar na fahimta:

Yana yaro gida goma sha tara ne ke fitar da hayaƙi a ƙauyensu. Da ya baro, biyu. An rufe makarantar, mai burodi ya tafi, coci ba a buɗe ta sai za a binne wani. Gidajen da suka rage 'yan Ingila da 'yan Holan sun saye, suna zuwa wata ɗaya a shekara su dasa furanni. Da, in za a yi sussuka gida gida ake bi, kowa ya taya kowa, a ci a sha, kamar gayyarmu. Yanzu mutum ɗaya da tarakta yana noma abin da gida goma sha tara suke nomawa, ya tumɓuke shingayen gonaki duka don injinsa ya sami wurin juyawa. Shi Farnan ne na ƙarshe da ya bar huɗa da shanu a yankinsu, a 1968. Mahauci ne ya zo ya ɗauke su. Ya faɗi sunayensu, Rondo da Furomanta, kamar yana faɗin sunan 'ya'ya.

Da muka isa gida ya ci ƙwai biyu. Kuku ya kira ni kicin ya nuna mini farantin.

Asabar, 29 ga Mayu

Yau soja suka miƙa mulki. Tun safe kowane shago a layinmu rediyo ne a kunne, yara suna bin motoci da tutoci. Ni ban taɓa jefa ƙuri'a ba sai bana. An ce komai zai canza.

Baffa Jafaru, ƙanen babana, ya shigo daga Gidan Yero gaishe da Nana. Shi kaɗai ya rage a ƙauye cikin danginmu, sauran tun zamanin kakanmu suka bar kiwo suka shigo birni. Ya ce zai sayar da shanun huɗarsa, Kyalla da Duna. Huɗa aikin mutum biyu ne, ɗaya ya riƙe garma, ɗaya ya ja igiyar hanci a gaba. Musa, ɗansa na ƙarshe da ke ja masa, ya sami babur a kamfen 'yan siyasa, yanzu acaɓa yake a Kurna.

"Ya ce mini farar hula ta zo, Inna. Na ce to farar hular ta zo ta ja mini igiya."

Nana ba ta yi dariya ba. Ta ce tun da aka haife ta ba a taɓa kwana babu saniya ko sa da sunan gidansu ba.

Ni a raina na ce ya sayar ɗin, ya huta. Shekara huɗu a jami'a ban taɓa gaya wa kowa muna da dangi a ruga ba. Wannan tsakanina da littafin nan.

Talata, 1 ga Yuni

Don in cika shiru na ba tsohon labarin Baffa. Ya dube ni sosai, karo na farko.

"Mutum biyu? Don shanu biyu? Kai ni wurinsa."

Didiye ya yarda, da sharaɗin hula da ruwan gora.

Alhamis, 3 ga Yuni

Gidan Yero. An yi ruwa mai kyau shekaranjiya, ƙasa tana ƙamshi.

Baffa ya shimfiɗa tabarma a gindin ɗorawa, ya ce, "Sannu da zuwa, Baba." Farnan bai zauna ba, wurin turke ya nufa. Ya zaga shanun, ya ɗaga ƙafar Duna ya duba kofato, ya taɓa tozon Kyalla yana girgiza kai, bai taɓa taɓa tozo ba. Baffa yana biye da shi hannu a baya.

"Ɗayyabu, me yake cewa?"

Abin da ya ce shi ne shanun kyawawa ne amma an ba su ga wanda bai san darajarsu ba. Na ce, "Ya ce shanun kyawawa ne."

Baffa ya ce, "Gaya masa tsoho irinsa ya zauna kafin iska ta ɗauke shi." Na ce, "Ya ce ka huta."

Haka na wuni, ina tace maganarsu ta kowane ɓangare.

Aka kawo fura da nono. Na fara bayanin cewa cikinsa ba zai ɗauka ba, ya riga ya kai ludayi baki. Ya tsaya. Ya ce uwarsa tana barin madara ta yi tsami haka a tukunyar ƙasa. Ya shanye ƙwaryar, ya share baki da hannun riga.

Kafin mu taso ya zana karkiyarsu a ƙasa da tsinke: icce mai lanƙwasa biyu da ke zama a bayan ƙaho, a naɗe shi da doguwar fata. Ya ce da ita mutum ɗaya ya isa. Baffa ya duba zanen, ya share shi da ƙafa, sannan ya ce, "A sassaƙa mu gani. In ta yi, na ba shi tunkiya."

Litinin, 7 ga Yuni

Mun wuni wurin masassaƙi. Tsohon ya karɓe gizago daga hannunsa sau uku.

Laraba, 9 ga Yuni

Ƙofar Wambai, wurin dukawa, neman fata. Ya ƙi guda shida, ya ja ta bakwai da haƙori ya ce ita ce. Ya ci tsire a tsaye a bakin titi. Da yamma Didiye ya kama hannuna da hannu biyu, ya ce duk takardar shaidar da nake so zai rubuta mini. Na taho gida ƙafata ba ta taɓa ƙasa. Na ce wa Nana ta fara shirin ganin jikanta a ofishin jakadanci.

Asabar, 12 ga Yuni

Ba ta yi ba.

An ɗora karkiyar a kan shanun, ya naɗe fatar a ƙahonninsu da kansa, da sauri, ba ya ko dubawa. Mutanen ƙauye sun taru. Da ya ce su tafi, shanun suka tsaya. Ba su saba a haɗe musu kai ba, ko ƙuda ba za su iya kora ba. Duna ya durƙusa. Kyalla ya fizge kai da ƙarfi, ƙarshen iccen ya sami tsohon a goshi, ya faɗi a kan kunya.

Ɗinki biyar. Ƙashi bai karye ba, na tambayi likitan sau biyu.

Didiye bai ɗaga murya ba, da ma ya ɗaga. Ya ce ya ɗauke ni in yi hira, ban da kai uban mutum gaban ƙaho. Ya ce ba sai na zo ranar Litinin ba, kuma maganar goma ga Yuli ta tabbata.

Lahadi, 13 ga Yuni

Ban fita ba.

Laraba, 16 ga Yuni

Bayan azahar yara suka shigo da gudu wai ga Bature a ƙofar gida. Farnan ne, da filasta a goshi, Sabo a bayansa yana rantsuwa cewa tsohon ya shiga mota ya ƙi fita sai an kawo shi "Koki". Sunan unguwar kaɗai ya riƙe.

Na zaci a karye zan gan shi. Ashe fushi yake, kuma da kansa yake fushin. Ya zauna a soro ya ce kwana huɗu yana tunanin wuyan shanun nan. Na ƙasarsu gajeren wuya ne da su mai kauri, ba tozo. Namu wuya siriri, ga tozo a zaune daidai inda icce zai jingina.

"An halicce su da wurin karkiyarsu, ni na zo da tawa. Gaya wa baffanka shi ne da gaskiya. Amma sau ɗaya za ka gaya masa."

Sannan ya ce ba karkiyar ce ke sa mutum ɗaya ya isa ba, ya manta ne don ya daɗe. Murya ce. A Berry mai huɗa waƙa yake wa shanunsa, doguwar waƙa, da ita suke tafiya, da ita suke tsayawa, da ita suke juyawa a ƙarshen kunya. Babu mai jan igiya, babu duka. Ya ce a ba shi mako biyu da Kyalla da Duna.

Nana ta aiko da tuwon dawa da miyar kuka. Yana cikin ci Didiye ya iso, fuskarsa ja. Kafin ya gama magana Nana ta fito da mayafinta har soro, abin da ba ta yi wa baƙo.

"Angona, gaya masa. Kuma yadda na faɗa za ka faɗa, ina kallon bakinka."

Ta ce: "Kai yaro, goshin ubanka ya fashe, ya warke. Can inda za ka kai shi ba abin da zai fashe masa, kuma ba zai kai baɗi ba. Dubi kwanon nan. Wata nawa kana dafa masa abincin Turawa bai taɓa ba?"

Na fassara kalma da kalma, har da "kai yaro". Mutumin da ya haura hamsin.

Didiye ya dubi kwanon. Ya dubi ubansa yana suɗe yatsa. Ya ce mako biyu, amma tsohon ba zai riƙe garma ba, ba zai tsaya gaban shanu ba, kuma in wani abu ya sake faruwa ni ne. Tikitin tsohon na goma ga Yuli yana nan yadda yake.

Tunda ba zai tsaya gaba ba, wani ne zai ja igiyar. Duk suka juyo suka dube ni.

Juma'a, 18 ga Yuni

Na gaya wa Baffa shi ne da gaskiya. Ya ce bai ji ba, in maimaita. Na ce an hana ni.

Tsarin haka yake: karkiyar Baffa a wuya, Baffa a garma, ni a gaba da igiyar hanci, Farnan yana tafiya a gefe yana waƙa. Duk lokacin da zan ja su juya, sai ya karya muryar a wani wuri, kullum wuri ɗaya, don su haɗa sautin da juyin. Kowace rana in sassauta igiyar kaɗan.

Waƙar ba ta da kalmomi da yawa, sunayen shanun ne da "ku zo, 'yan'uwana" da irin haka. Tana farawa ƙasa ƙasa, ta hau, ta hau, sai ta tsinke a sama kamar kuka. Ban san ƙirjin tsoho zai iya fitar da irin wannan ba. Matan da ke shuka a gonar maƙwabta suka miƙe tsaye.

Duna ya taka mini ƙafa. Takalmin da na saya don intabiyu ne.

Talata, 22 ga Yuni

Matsala. Farnan ya ce dole Baffa ya koyi waƙar, tunda shanun nasa ne kuma muryarsa za su bi. Baffa ya ce shi da furfurarsa ba zai tsaya a gona yana rera waƙa kamar maroƙi ba, surukansa suna wucewa ta hanyar nan.

Na daina tacewa, na gaji. Na faɗa wa kowa abin da ɗan'uwansa ya ce.

"Gaya masa girman kai ne zai kai shanunsa wurin mahauci, kamar nawa."

"Gaya masa nasa waƙa ba ta hana a yanka su ba."

Na ce shi ke nan, na kashe aikin. Sai Farnan ya ce, a hankali, haka ne, ba ta hana ba. Baffa ya tsuguna ya daɗe yana gyara ƙusar garma da ba abin da ya same ta. Da ya miƙe sai ya ɗaga kai ya yi wani kira da Fulatanci, dogo, mai hawa, irin wanda ban taɓa jin ya yi ba. Shanun biyu suka ɗaga kunne tare. Ya ce da shi babansu yake kiran garke daga bakin rafi.

"Wannan ba waƙa ba ce," in ji shi. "Kira ne."

Farnan ya ce a kira shi duk abin da ake so, a dai karya shi a wurin juyi.

Juma'a, 25 ga Yuni

Igiya a sake take yawancin kunya. Kyalla ya gane. Duna sai ya ga Kyalla ya juya sannan ya bi, Baffa ya ce halin Musa ne sak.

Tafin hannuna ya yi kanta. Nana ta shafa mini man shanu tana cewa yanzu ne ta yi miji.

Talata, 29 ga Yuni

Kuku ya ce wandon tsohon ya daina buƙatar igiya. Ban auna shi ba, don haka ba zan rubuta nauyi ba.

Didiye bai ce komai a kan tikiti ba. Na kasa tambaya. Saura Asabar, ranar da za a gwada sakin igiyar gaba ɗaya.

Asabar, 3 ga Yuli

Mun yi! Mun yi, wallahi mun yi!

Bari in bi a hankali. Gonar gyaɗa ce ta bayan gida, ita ta rage ba a huɗe ba. An yi yayyafi da asuba. Didiye ya zo da kansa, ya tsaya a gindin ɗorawa hannu a aljihu. Rabin ƙauyen ya fito, har da waɗanda suka yi dariya ranar karkiyar ƙaho. Musa ma ya zo da babur ɗinsa, wai fasinja ya kawo.

Kunya biyu na farko na ja kamar kullum. A bakin ta uku Farnan ya ɗaga mini hannu. Na naɗe igiyar a ƙahon Kyalla, na koma gefe. Ban san inda zan sa hannuwana ba.

Sai Baffa ya saki garmar ya ja da baya, ya nuna wa tsohon ita da haɓa. Ba mu shirya haka ba. Na dubi Didiye, ya cire hannu daga aljihu ya yi taku ɗaya, ya tsaya.

Farnan ya tofa yawu a tafinsa ya kama. Ya fara waƙar ƙasa ƙasa. Shanun suka tsaya kamar ba su ji ba, har wani ya yi tari. Sannan Kyalla ya jingina tozonsa da icce, Duna ya bi, garma ta nutse, ƙasa ta fara tsagewa gida biyu. Babu kowa a gabansu. Tsohon yana tafe a baya, filasta a goshi, muryarsa tana cika gonar. Ni idona yana kan ƙarshen kunyar, inda gonar maƙwabci ta fara da geronsa da ya kai gwiwa. In ba su juya ba cikinsa za su shiga.

Ya karya muryar. Kyalla ya juya. Duna ya yi jinkiri kamar numfashi ɗaya, ya juya.

Matan suka rangaɗa guɗa. Wani tsoho ya jefa hularsa sama. Ni na sami kaina ina ihu da Faransanci da Hausa a haɗe, ban san me na ce ba.

Ya dawo da su har inda ya fara, ya tsayar da su da murya, ya miƙa wa Baffa garmar. Baffa ya yi kiransa na Fulatanci, ya huɗe kunya huɗu shi kaɗai, ko waiwaye bai yi ba. Da ya wuce kusa da Musa ya ce, ba tare da ya dube shi ba, "Gaishe da farar hula."

Na je wurin Didiye. Yana share tabarau da bakin riga, ya daɗe yana sharewa. Ya ce yana ɗan firamare yakan ji wannan muryar daga aji, ta taga, sai yara su juyo su dube shi suna dariya, ɗan mai shanu. Ya ce ranar da mahauci ya zo shi murna ya yi.

Na san irin wannan murnar.

Baffa ya kawo tunkiya duk da haka. Farnan ya ce ai karkiyarsa ba ta yi ba. Baffa ya ce ba ta karkiya ba ce.

Litinin, 5 ga Yuli

Didiye ya buga waya Faransa a gabana ya saki gurbin gidan tsofaffin. Shi kaɗai zai tafi hutun. Tsohon ya ce ba inda za shi, akwai noman gyaɗa. Sabo zai riƙa kai shi Gidan Yero.

Na shigo gida na gaya wa Nana. Ta ce, "To," ta ci gaba da jan carbi. Can sai na ji tana aika a sayo goro a raba wa maƙwabta.

Baffa ya fasa sayar da shanun. Mutum biyu daga ƙauyen gaba sun zo tambayar yadda aka yi.

Alhamis, 15 ga Yuli

Takardar bautar ƙasa ta fito, Inugu aka tura ni. Didiye ya bar mini takardar shaidar kafin ya tafi, ta yi kyau ƙwarai, tana cikin akwati.

Yau ba ranar aiki ba ce, tsohon yana hutawa. Na hau motar Dawanau duk da haka, don in gaya wa Baffa maganar Inugu. Abin da ya kai ni ke nan. Da na isa yana sallar walaha, shanun suna ɗaure a karkiya a bakin gonar wake. Na ɗan gwada, don in tabbatar da abin da na rubuta a baya daidai ne. Kunyar ta karkace a tsakiya. A wurin juyi Kyalla ya juya.

A motar dawowa na haɗu da wani ɗan ajinmu, ya dubi ƙafata ya ce daga ina. Na ce daga gida.

Abin da har yanzu ban sani ba:

Ko tsohon zai ga damina mai zuwa, da kuma wanda zai yi musu tafinta in na tafi. Jiya dai na same su suna gardama a kan taki babu ni, kuma kowa ya ji haushin da ya kamata.

Ko Musa zai dawo. Sau biyu ke nan yana kawo fasinja Gidan Yero, ba wanda ya ga fasinjan.

Ko akwai sauran mai wannan waƙar a Berry, ko kuwa yanzu sai a bayan Dawanau ake jinta.

Wanne daga cikin biyun na yi wa Kyalla ɗazu, waƙar Farnan ko kiran Baffa. Na yi ta tunani a mota, ban iya rabewa ba.

Ko ana barin mai bautar ƙasa ya zo gida lokacin cirar gyaɗa. Wannan gobe zan je in tambaya.